Buɗaɗɗiyar Wasiƙa ga Manyan Ƙungiyoyin LGBTQ: Kada Ku Sake Yin Ciniki da Masu Sauya Jinsi

Zuwa ga shugabannin Human Rights Campaign a Amurka, da Stonewall a Birtaniya, da ILGA ta duniya, da gidauniyoyin da ke ba su kuɗi,

Gaisuwa mai yawa tare da fatan alheri.

Bayan haka, ina rubuto muku ne, ku ƙungiyoyin LGBTQ masu kare masu neman jinsinsu da masu sauya jinsi, daga arewacin Najeriya, inda ba ku da ofis kuma ba za ku iya buɗewa ba. Dokar da Shugaba Goodluck Jonathan ya sa wa hannu a Janairun 2014 ta tanadi ɗaurin shekara 14 ga wanda ya ƙulla auren jinsi, da shekara 10 ga wanda ya kafa ƙungiya irin taku ko ya mara mata baya. Na zaɓi in yi maganar nan da Hausa domin ina so mutanenmu su ji ta tare da ku. Yawancinsu sun ɗauka bakinku ɗaya a kan komai. Ba su san akwai tsohuwar rigima a cikin gidanku ba, wadda ta haura shekara 50, ba su kuma san cewa yadda kuka warware ta yana shafar wani mai sayar da abinci a tashar motar garinsu ba.

Rigimar ita ce ta matsayin masu sauya jinsi, wato waɗanda aka raɗa wa suna a matsayin maza amma suke rayuwa a matsayin mata, ko akasin haka, da duk wanda kamanninsa da ɗabi'arsa suka saɓa wa abin da jama'a ke tsammani daga namiji ko mace. Abin da ya sa nake rubuta muku shi ne, a ko'ina cikin duniya su ake fara kamawa, su ake fara duka, amma duk lokacin da tafiyarku ta zauna a teburin sulhu da masu mulki, su ake fara ajiyewa a ce su jira. Yanzu kuma na ga alamun za a maimaita.

Namijin da ke neman maza yana iya sa babbar riga, ya kafa hula, ya je ofis ya dawo shekara da shekaru babu wanda ya sani. Ban ce rayuwar ɓoyo tana da daɗi ba, azaba ce mai zaman kanta. Amma wanda abin yake a muryarsa, a tafiyarsa, a hoton katin shaidarsa da bai yi kama da fuskarsa ba, ba shi da inda zai ajiye shi kafin ya fita daga gida. Da shi yake zuwa kasuwa, da shi yake tsayawa a shingen 'yan sanda, da shi yake shiga asibiti.

Tarihinku da kansa shaida ne. A Agustan 1966 masu sauya jinsi na unguwar Tenderloin a San Francisco suka yi fito-na-fito da 'yan sanda a gidan cin abinci na Compton's, saboda sun gaji da kamen da ake yi musu a kan tufafi. A daren 28 ga Yunin 1969 da 'yan sandan New York suka kai samame mashayar Stonewall, al'adarsu ita ce su duba katin shaida su sallami mutum, amma su ware masu kayan mata, a kai su banɗaki a duba jikinsu, wanda aka samu namiji ne a tafi da shi. A wannan daren aka ƙi yarda, kuma daga nan bikin da kuke yi kowane watan Yuni ya samo asali. A 1970 Sylvia Rivera da Marsha P. Johnson suka kafa ƙungiyar STAR, suka kama wani tsohon gida a Manhattan suna kwantar da yaran da iyayensu suka kora, suna ciyar da su da kuɗin da su kansu suka samo a titi da dare. Shekara 3 bayan haka, a gangamin 1973, sai da Rivera ta yi kokawa kafin ta riƙe makirfo, kuma da ta fara magana a kan 'yan'uwansu da ke kurkuku ana dukansu ana yi musu fyaɗe, taron ya yi mata ihu. Mutanen da ta tsaya dominsu ne suka yi mata ihun. Ta rasu a Fabrairun 2002, tana kwance a asibiti tana roƙon kada a fitar da masu sauya jinsi daga dokar hana wariya ta jihar New York. A Disambar shekarar aka zartar da dokar babu su. Aka ce su yi haƙuri za a dawo a ɗauke su. Dawowar ta ci shekara 16, sai a Janairun 2019.

Shekarar da ta fi tsaya mini a rai ita ce 2007. A watan Satumba, shugaban Human Rights Campaign na lokacin ya tsaya gaban taron masu sauya jinsi a Atlanta ya yi alƙawarin cewa ƙungiyarsa ba za ta goyi bayan dokar hana wariya a wurin aiki ba muddin aka cire su. Makonni kaɗan bayan haka ɗan majalisa Barney Frank ya ce ƙuri'u ba za su kai ba idan suna ciki, ya cire su. Ƙungiyoyi sama da 300 suka haɗa kai suka ce ba su yarda ba. Human Rights Campaign ta yi ta jan ƙafa, har Donna Rose, mai sauya jinsi da ke cikin kwamitin gudanarwarta, ta ajiye muƙaminta, daga ƙarshe kuma ƙungiyar ta bi bayan Frank. Majalisar Wakilai ta zartar da ƙudurin a Nuwamba da ƙuri'a 235 a kan 184, ya je Majalisar Dattawa ya mutu a can. An sayar da amana, kuma ba a karɓi kuɗin ba. A watan Agustan wannan shekarar ce, a nan Bauchi, aka kama maza 18 a wani otal. Da farko aka tuhume su da luwaɗi, da aka rasa hujja sai tuhumar ta koma ta yawon banza da sa kayan mata. Lokacin da ake lissafin ƙuri'u a Washington ana cewa batun tufafi da kamanni zai iya jira, a nan shi ne abin da ya rage a hannun mai gabatar da ƙara.

Human Rights Campaign ta ba da haƙuri a 2014, kuma ban raina wannan ba. Amma ku tuna yadda kariyar ta zo daga ƙarshe. Aimee Stephens ta yi shekaru tana aiki a wani kamfanin shirya jana'iza kusa da Detroit. A 2013 ta rubuta wa maigidanta cewa za ta fara zuwa aiki a matsayin mace, ya kore ta. Ƙararta na cikin uku da Kotun Ƙolin Amurka ta haɗa ta yanke a ranar 15 ga Yunin 2020, alƙalai 6 a kan 3, cewa korar mutum daga aiki don yana neman jinsinsa ko don ya sauya jinsi wariya ce da doka ta hana. Ita ba ta ga hukuncin ba, ta rasu wata guda kafin nan. Ɗaya daga cikin waɗanda aka ce su ne nauyin da ke hana tafiya sauri tana cikin waɗanda suka kawo wa kowa abin da majalisa ta kasa bayarwa. Ku kuma na Stonewall a Birtaniya, an kafa ku a 1989, amma sai a 2015 kuka sa masu sauya jinsi cikin aikinku. Hausawa na kiran irin wannan cin moriyar ganga a yar da kwaurenta.

Yanzu iska ta juya. A ranar 20 ga Janairun 2025 Shugaba Donald Trump ya sa hannu a umarnin da ke cewa gwamnatin Amurka jinsi biyu kawai ta sani kuma ba sa sauyawa, sannan aka koma korar masu sauya jinsi daga aikin soja. A Fabrairu hukumar da ke kula da wuraren tarihi ta goge ambatonsu daga shafin intanet na dandalin tunawa da Stonewall ɗin kansa. A ranar 16 ga Afrilu Kotun Ƙolin Birtaniya ta ce mace a dokar daidaito ta 2010 tana nufin wadda aka haifa mace. A Yuni Kotun Ƙolin Amurka ta tabbatar da dokar jihar Tennessee da ta hana ba wa 'yan ƙasa da shekara 18 magungunan sauya jinsi. A cikin gidanku kuma, tun kafa LGB Alliance, ƙungiyar masu neman jinsinsu da ta ware kanta daga masu sauya jinsi, a Birtaniya a 2019, muryoyin da ke cewa a raba gari suna ƙara ƙarfi: mun samu aure, mun samu aiki, kada waɗannan su jawo mana asara.

Ba na cikin masu cewa duk wanda ya yi tambaya maƙiyi ne. Batun gasar wasannin mata, da wanda za a ajiye a kurkukun mata, da gidajen fakewar matan da aka ci zarafinsu, da maganin dakatar da balaga ga yara, tambayoyi ne na gaske. Rahoton Dakta Hilary Cass ta Birtaniya na Afrilun 2024 ya ce hujjar kimiyya a kan waɗancan magunguna tana da rauni, kuma zagin masu damuwa da hakan bai ƙara wa tafiyarku komai ba sai abokan gaba. Ku zauna ku yi muhawarar da hujja da ladabi. Sai dai babu ɗaya daga cikin tambayoyin nan da ta shafi ko mutum zai samu ɗakin haya, ko likita zai duba shi, ko za a binciki wanda ya kashe shi. Ƙungiyar TGEU ta Turai tana ƙirga kisan masu sauya jinsi tun 2008, kuma adadin da ta iya tabbatarwa ya haura 5,000, Burazil ce kan gaba shekara bayan shekara, da yawansu kuma mata masu zaman kansu ne. Wanda zai bar waɗannan don ya guje wa gardama a kan tseren gudu bai auna abin da kyau ba. Masu neman raba gari kuma su duba dokar Uganda ta 2023 da ƙudurin da majalisar Ghana ta zartar a Fabrairun 2024, dukansu na hukunta 'yan LGBTQ. Waɗanda suka rubuta su ba su tsaya tantance wane harafi na LGBTQ ne na wanda za a kama ba.

Bari in dawo gida. Ƙasar Hausa ta daɗe da 'yan daudu, tun kafin a san sunan ƙungiyoyinku. Suna soya kaza da ƙosai a tasha, suna tuƙa tuwo a bakin kasuwa, ana gayyatarsu girkin biki, wasu na da alaƙa da bori. Suna kiran juna ƙawa, ƙanana na da uwar ɗaki da ke koya musu sana'a ta kuma tsaya musu ranar wuya. Da yawansu na da mata da 'ya'ya, suna salla suna azumi, wasu sun je Makka sun dawo. Mafi yawansu ba za su ce muku su masu sauya jinsi ba ne, ba kuma sa neman tiyata ko sabon fasfo. Ina roƙonku kada ku tilasta musu sa rigarku kafin ku taimake su. Abin da ya haɗa su da Sylvia Rivera shi ne ana ganinsu, kuma a kan ganin ake hukunta su. Dokar da jihar Kano ta kafa a 2000 ta hana karuwanci da ayyukan baɗala ta tanadi hukunci ga namijin da ya yi shiga ko ɗabi'a irin ta mata. A 2022 an gabatar da ƙuduri a Majalisar Wakilai ta Tarayya na ɗaure mai shigar wani jinsi wata 6 ko tarar naira 500,000, ko da yake bai zama doka ba. Kamen jama'a kuwa ba ya ƙarewa: mutum 57 a Legas a 2018, shari'ar 47 daga cikinsu ta yi ta ja har kotu ta yi watsi da ita a Oktoban 2020, sai 19 a Kano a Disambar 2022, da 67 a jihar Delta a Agustan 2023, da 76 a Gombe a Oktoban 2023. A maƙwabciyarmu Kamaru, an kama masu sauya jinsi biyu suna cin abinci a Duwala a Fabrairun 2021, aka yanke musu shekara 5 a watan Mayu, da aka sake su kafin ɗaukaka ƙara kuma wasu gungun matasa suka tare su suka yi musu tsirara suka lakaɗa musu duka. A Agustan 2024 aka tsinci gawar wata sananniyar mai sauya jinsi a gefen titi a Abuja.

Na san wani mai abinci a wata tasha, ba zan faɗi garin ba. Tukwane uku yake ɗorawa kafin asuba, shinkafa da wake da miyar taushe, direbobi na cin bashi yana rubutawa a bayan kwalin sigari. Shi ke ciyar da tsohuwarsa da 'ya'yan ƙanwarsa da mijinta ya rasu. An kama shi a wani biki da ya je girki, da ɗankwali a kansa da lalle a hannu. Kwanansa a tsare bai kai mako ba, ba a ma kai shi gaban alƙali ba. Amma an aske masa kai ƙwal, an ɗauki bidiyonsa, bidiyon ya zaga wayoyin garin kafin ya fito. Mai gidan haya ya fitar masa da kaya. Shugabannin tasha suka ba wani wurinsa. Masu bashi suka daina amsa gaisuwarsa, balle biya. Abin da yake buƙata a makon nan lauya ne da zai je ofishin da aka tsare shi tun daren farko, da mai tsaya masa a beli, da ɗakin da zai kwana wata biyu, da jarin buhun shinkafa a wani gari. Kuɗin duka bai kai na tikitin jirgin mutum ɗaya zuwa taronku na shekara ba. 'Yan'uwansa 'yan daudu ne suka yi karo-karo.

Nan ne maganar kuɗi ta shigo. Wani bincike da GATE, ƙungiyar masu sauya jinsi ta duniya, da abokan aikinta suka fitar a 2017, wanda ya ji ta bakin ƙungiyoyin masu sauya jinsi sama da 400 a faɗin duniya, ya nuna fiye da rabinsu kasafinsu na shekara bai kai dala 10,000 ba. Kuɗin da ke zuwa Afirka da sunan tafiyarku yawanci ta ƙofar yaƙi da cutar ƙanjamau yake shigowa, kuma shekara da shekaru ana cusa mata masu sauya jinsi cikin rukunin maza masu neman maza, ba a ƙirga su daban, ba a tambayarsu abin da ke damunsu. Da Najeriya ta ƙirga su daban a binciken 2020, sai aka samu kusan 29 cikin 100 na ɗauke da ƙwayar cutar, a ƙasar da adadin sauran manya bai kai 2 cikin 100 ba. Sannan a farkon 2025 Amurka ta dakatar da tallafin ƙasashen waje, da aka sassauta wa shirinta na yaƙi da ƙanjamau, PEPFAR, kuma aka taƙaita maganin riga-kafi ga masu juna biyu da masu shayarwa. Ƙananan asibitocin da ɗan daudu ke iya shiga ba tare da ma'aikaciya ta kira abokan aikinta su zo kallo ba, su ne suka fara shiga matsi. Wasu masu sauya jinsi kuma suna sayen sinadaran hormon a kemis suna sha babu gwajin jini babu likita. Su kuwa waɗanda aka haifa mata suke rayuwa a matsayin maza, kusan ba a ma ambatonsu, alhali su ne ake ɗaura wa auren dole da sunan gyara.

Kuna yawan ɗauka cewa hanya ɗaya ce: a soke dokar luwaɗi, a samu aure, sannan a waiwayi sauran. Ƙasashe da dama sun nuna ba haka ba ne. Kotun Ƙolin Indiya ta amince da jinsi na uku a Afrilun 2014, shekara 4 kafin ta soke hukuncin luwaɗi da ke sashe na 377. Pakistan, ƙasar Musulmi, ta kafa dokar kare masu sauya jinsi a 2018, duk da cewa Kotun Shari'a ta Tarayya ta rushe wasu muhimman sassanta a 2023. A Kenya Audrey Mbugua ta ci nasara a kotu a 2014 aka umarci hukumar jarrabawa ta sauya mata suna a takardar shaida, a Botswana kuma babbar kotu ta yi irin wannan hukunci a kan katin ɗan ƙasa a 2017. Ajantina ta kafa dokarta ta amincewa da sauya jinsi a takardu a 2012, a 2021 ta ware musu kashi 1 cikin 100 na ayyukan gwamnatin tarayya, saboda ta gane cewa takarda ba ta ciyar da mutum. Masu sauya jinsi na waɗannan ƙasashe su suka ja gaba da kansu.

Ku kuma lura da irin maganar da ke ceton rai a nan. A 2011 da Firaministan Birtaniya David Cameron ya yi barazanar yanke tallafi ga ƙasashen da ke hukunta masu neman jinsinsu, 'yan gwagwarmayar Afirka da kansu suka rubuta suka ce kada a yi, domin fushin jama'a a kan mutanensu zai sauka. Idan taro ya kewaye ɗan daudu da sanduna, sanarwar ofishin jakadanci ba ta tarwatsa shi. Abin da ke tarwatsa shi dattijon unguwa ne da zai ce babu mai ikon yanke hukunci a titi, ko malamin da zai tuna musu hadisin da Abu Dawud ya ruwaito, cewa an kawo wa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, wani namiji mai kamanta kansa da mata da lalle a hannuwa da ƙafafu, ya sa aka fitar da shi zuwa Naƙi'u, wani wuri a wajen Madina, da aka tambaya ko a kashe shi ya ce an hana shi kashe masu salla. Malamin nan ba zai taɓa yarda da aƙidarku ba, kuma ba a buƙatar ya yarda. Kada ku raina waɗanda ke aiki da irinsa, kada kuma ku hana su tallafi don rahotonsu bai zo da kalmomin da kuka saba ji ba.

Roƙona gare ku shi ne ku faɗa a fili, a rubuce, cewa ba za ku sake goyon bayan wata doka ko yarjejeniya da aka cire masu sauya jinsi daga cikinta don a samu ƙuri'a ba, ko da wanda ya kawo tayin abokinku ne. Ku ba su kujeru a inda ake yanke shawarar kasafi, ba a kan fosta kaɗai ba. Ku kuma, masu gidauniyoyi, ku gyara sharuɗɗanku. Kuna neman takardar rajista da asusun banki na ƙungiya daga mutanen da dokar ƙasarsu ta ce rajistar kanta laifi ce mai ɗaurin shekara 10. Ku nemo hanyar da kuɗin beli da na lauya da na ɗakin fakewa zai isa hannun wanda ake kira da ƙarfe biyun dare, cikin kwana ɗaya ko biyu, ba bayan wata shida na cike takardu ba. Kafin ku sa hoton kowa ko sunan garinsa a rahotonku na shekara, ku tambaye shi, kuma idan ya ce a'a ku bar shi ba tare da kun janye tallafin ba.

Ina sauraron amsarku.

Naku,
Wani mai bibiyar shari'o'in marasa galihu, daga arewacin Najeriya